Shekarar da Gishiri Ya Raba Tukunyar Gidanmu

Ku 'ya'yana, da ku jikoki da kuka fara wayo, na san abin da ake faɗa muku in kun je Argungu biki ko gaisuwar mutuwa. Ana nuna ku da baki, a ce ga zuriyar Nomau, wanda ya raba gidan ubansa saboda gishiri. Wata tsohuwa ta taɓa yaɓa wa autata wannan magana a gaban jama'a, yarinya ta dawo da hawaye tana tambayata ko ƙarya ake yi mini. Ba ƙarya ba ce. Ni na raba tukunya, a kan gishiri na raba ta, kuma mahaifiyata tana raye tana kallo. Sai dai masu ba da labarin suna datse shi a tsakiya, su riƙe inda ya yi musu daɗi. Shi ya sa na ce bari in zauna in rubuta muku shi da kansa da ƙafarsa tun idona yana ganin takarda. Wanda ya karanta ya ga har yanzu ni ne mai laifi, bismilla, ya zarge ni.

Lokacin muna cikin jihar Sakkwato, ba wanda ya yi ko mafarkin Birnin Kebbi za ta zama hedikwatar jiha. Mahaifinmu, Malam Ɗantani, ya rasu ya bar mu biyu, ni da wana Garba, wanda kuke kira Baffa Garba, Allah ya jiƙan shi. Shi ne maigida. Gandu ɗaya muke, rumbu ɗaya, tukunya ɗaya. Da damina muna noman shinkafa a fadama da gero a tudu, da rani mu saɓi homa, wato ragar su, da gora mu shiga ruwa kamun kifi. Matarsa Ige da uwarku Balki su ke karɓa-karɓar girki, amma duk su biyun ƙarƙashin hannun Inna suke, wato mahaifiyarmu. Inna ce mai gishiri. Gishirin Foga da 'yan Dandi ke kawowa kasuwa da jar kanwa, a ɗakinta suke kwana, kullum kuma da ɗan ƙulli a bakin zanenta. Ko wa ke da girki, ba a sauke miya sai Inna ta zo ta ɗiga a tafin hannu ta lasa, ta kwance ƙullin nan ta ƙara. Miyar gidan Ɗantani suna gare ta a unguwa. 'Yan ƙwadago kan bar gonar wani su zo yankan shinkafarmu don tuwon rana kawai, kuma Inna ta san da haka, tana ji da shi.

Akwai abin da ya kamata ku sani, ku da kuka tashi kowa da farantinsa da cokalinsa. A gidanmu ba a cin abinci mutum ɗaya. Ni da Garba akushi ɗaya a zaure, samarin gida akushi ɗaya, mata nasu, ƙananan yara nasu. A garinmu a wancan zamani, mutum uku ake ware wa ƙwarya: kuturu, da mai tarin nan da ba ya jin magani, da wanda ake zargi da maita. In aka ga an ware wa mutum kwano, ba a tambaya, kowa ya gama fassara.

Faruku, ɗana na fari, bai wuce shekara goma sha uku ba a lokacin. Sunan mahaifinmu na yanka aka sa masa, don haka Inna ba ta faɗar sunansa, sai dai "maigidana". Ta tsokane shi bai kawo cefane ba, ya ce ta tsufa zai sake ta ya auro 'yar garin Gulma. Duk jikokinta ba wanda take so kamarsa. Daminar shekarar shi ke korar tsuntsu a fadama, wuni yake tsaye cikin ruwa, ƙafafunsa suka yi ƙuraje har suna ruwa. Wane yaron fadama ne ba ya ƙuraje? Aka shafa masa abin da ake shafawa, suka bushe, muka manta. Bayan 'yan makonni sai fuskarsa ta fara tashi da safe, idanu a ƙanƙance. Matan gida har suna murna, wai yaro ya fara ƙiba. Sai ciwon kai, sai kasala, sai Balki ta ce mini ta ga fitsarinsa kamar ruwan shayin da ba a sa wa madara ba. Na kai shi wurin wani mai allura a unguwarmu, ya ce zazzaɓin sauro ne, ya tsira masa allura. Inna kuwa ta ce ciki ne ya ƙazantu. Ta jiƙa masa jar kanwa safe da yamma, ta dama masa kunun kanwa, ta yi masa romon kifi da gishiri sosai don ya ji ƙarfi. Wallahi duk abin da ta yi, don ƙauna ta yi shi.

Ranar yankan shinkafa, da hantsi, muna tsakiyar aiki na ji ihu a bayana. Na waiga na ga Faruku a ƙasa, lauje a gefe, jikinsa yana fizga, kumfa a baki, ido ya juye. 'Yan ƙwadago suka ja da baya suna cewa mutanen ruwa ne suka taɓa shi. Muka ɗauko shi zuwa gida, Garba ya aika a kira malam ya yi tofi. Uwarku, wadda ba ta taɓa ɗaga murya a gaban wana ba, ta tsaya a bakin ƙofa ba ko mayafi.

"A yi tohin cikin mota," in ji ta, ta juyo gare ni. "Malam, ɗauki yaron ga mu tahi asibiti."

A asibitin Argungu suka yi masa allurar da ta tsayar da fizgar, suka ce mu wuce Birnin Kebbi kada mu tsaya. Motar albasa muka samu. Ina rungume da shi a kan buhuna, ina kiran sunansa, yana buɗe ido ba ya gane ni.

Likitan da ya karɓe mu saurayi ne, mutumin ƙasar Zuru, siriri, ba ya yawan magana. Ya danna ƙafar yaron da yatsa, wurin ya lotsa ya ƙi dawowa. Sai ya ce wa nas ta kawo abin awon jini. Duk da halin da nake ciki, sai da na yi magana.

"Likita, yaron ga ko gashin baki bai yi ba. Hawan jini ai ciwon alhazai na, da manyan ma'aikata."

"Haka kowa ke cewa," in ji shi. "Shi ya sa ba a auna su sai sun faɗi."

Nas ta kawo abin, ta naɗa ƙyallen a damtsen Faruku, ya rufe shi daga hammata har gwiwar hannu. Likita ya girgiza kai ya ce a kwance, na manya ne. Ya ce in ƙyallen ya yi wa hannu yawa, awon zai nuna ƙasa da gaskiya, in ya yi kaɗan kuma ya nuna sama. Aka tafi ɗakin yara neman daidai da shi, ni kuwa kamar in yi ihu, ga yaro kwance ana neman tsumma. Da aka kawo, ya naɗa da kansa, ya sa abin sauraro a kunne, ya riƙa matsa 'yar robar nan, zaiba tana hawa cikin gilashi. Ya sake ta a hankali. Ya koma ɗaya hannun. Ya auna a cinya, ya taɓa jijiyar matsematsinsa. Ya haska cikin idonsa da 'yar fitila. Ya bar shi ya huta, ya sake aunawa. Shirun nan nasa ya fi kowace magana tayar mini da hankali. Da sakamakon fitsari ya dawo, sai ya nuna tabon da ke ƙafar yaron ya tambaye ni yaushe ya yi ƙuraje.

Ya yi mini bayani yadda manomi zai gane. Ya ce ƙoda rariya ce, ita ke tace ruwa da gishirin da suka yi wa jiki yawa. Ciwon ƙurajen nan ya warke a fata, amma ya bar wa ƙoda ɓarna, rariya ta toshe. Ruwa ya taru a jijiyoyi yana neman hanya, kamar gulbi in ya cika ya fara cin gaɓa, shi ne ya bugi ƙwaƙwalwa yaro ya faɗi. Sannan ya tambaye ni me muke ba shi a gida. Na lissafa masa, har da jiƙon kanwa safe da yamma. Ya ajiye biro a kan tebur.

"Malam Nomau, kanwa gishiri ce da ta sauya riga. Kuna ɗura wa gulbi ruwa."

Mun yi makonni a asibitin. Ana ba shi ƙwayoyi, ana auna ruwan da ya sha da fitsarin da ya yi, ana ɗora shi a sikeli kowace safiya. Kumburi ya saɓe, hankalinsa ya dawo, har ya fara tambayar ko an gama sussukar shinkafa. Amma zaibar nan ta ƙi sauka inda likita ke so. Ranar sallama ya ce mini yawancin yara masu irin wannan ciwo suna warkewa sarai, shi dai nasa ƙodar ta ji jiki, sai an daɗe ana lallaɓa ta. Ƙwaya kullum, ba fashi. Awo kowane mako a Argungu, kowane wata a kawo masa shi. Gishiri ɗan kaɗan ƙwarai, kanwa kuwa ko ƙanshinta. Ya ce in riƙe abu ɗaya: magani rabi ne, tukunya rabi. Ya ƙara da cewa kada in yarda da ido, wannan ciwo ba ya nuna kansa, yaro zai yi ta wasa yana dariya alhali jini yana can sama.

Ran da muka dawo na tarar Garba ya kira wanzami, har ya shimfiɗa tabarma ya jera ƙaho. Wai tunda an ce jini ya yi yawa, a tsaga a zuƙe. Na ba wanzami haƙuri na sallame shi. Na ga abin ya tsaya wa Garba, ƙane ya kori wanda wa ya kira.

Balki ta samu 'yar ƙaramar tukunya tana yi wa Faruku miyarsa daban, ana zuba masa a wata farar langa mai shuɗin baki. Samarin gida suna can sun kewaye akushi ana hira ana wasoso, shi yana bakin ɗakin uwarsa shi kaɗai da langa. Kafin mako biyu zance ya fita unguwa: an ware wa ɗan Nomau kwano. Wasu suka ce kuturta ce ta ciki, wasu suka ce tari ne aka ɓoye. A makarantar allo aka daina shan ruwa da moɗar da ya sha. Wata maƙwabciya ta fizge ɗanta daga kusa da shi a gaban idona. Yaron da ke cika gida da surutu ya koma shiru, ya riƙa ture langa da tuwon a ciki, wuyansa ya yi tsawo. Na ce to ni zan ci da shi. Kwana biyu ina ɗaukar hannuna daga zaure, a na uku Garba ya tare ni.

"Nomau, ni za ka bari in ci ni ɗai awa maye? Mi na yi ma?"

Na koma zaure. Na ce a haɗa shi da ƙannensa, Inna ta ce ba a gidanta za a ɗora wa yara masu lafiya tuwo lami ba.

Can sai na ga yaro ya ɗan murmure, yana ture langa amma ba ya ramewa. Na yi hamdala. Sai dai duk ranar awo nas ɗin Argungu takan dube ni, ta dubi gilashi, ta sake aunawa. Ta tambaye ni ko yana shan ƙwaya, na ce da hannuna nake ba shi. Ta ce to akwai mai ba shi gishiri. Na yi rantsuwa babu. Ashe rantsuwar banza na yi. Wata rana bayan azahar na dawo daga bakin gulbi da wuri, na shiga gaida Inna, na tarar da su a ƙuryar ɗaki: Faruku da ƙwaryar tuwo da miyar gida, ga kunun kanwa a gefe, ita tana yi masa fifita. Ya gan ni ya daskare da loma a hannu. Na ce ya fita. Na durƙusa, don ko wuta ke ci a kaina ba na yi wa Inna magana a tsaye.

"Inna, abin ga kashe shi shikai."

"Yunwa za ta riga shi," ta ce. "Kun aje yaro bakin ƙohwa awa kare, kuna ba shi ruwan wanke tukunya. Kai da kanwa na haihe ka, da kanwa na shayar da kai, da ita na yaye ka. Ga ka nan ƙato. Yau ɗan Zuru zai gaya mani abin da za ni ba maigidana?"

Rabin maganarta gaskiya ce, yaron yana mutuwa da kaɗaici a bakin ƙofa. Na fita na sami Garba a zaure da shawarar da na ga ba wanda za ta cuta. A rage gishirin tukunyar gida gaba ɗaya, a bar sa kanwa a miya, kowa ya barbaɗa gishiri a lomarsa in yana so. Faruku ya koma akushin 'yan'uwansa, bakin mutane ya mutu. Garba ya saurare ni har na gama, yana gyaran ƙugiya.

"Wato in tahi in ce ma Inna ta ɗauke hannunta daga miyar gidan mijinta."

"Yaya, ba haka nika nuhi ba."

"Haka na. Tun kahin a haihe mu take ɗanɗana miyar gidan ga. Shi ɗai ya rage mata. Kuma dubi yaron, kumburi ya tahi, shina gudu da ƙahwahunai. Ina ciwon? Gilashi za mu bi, ko idonmu?"

Kada ku ɗauki Baffanku mugu. Mutum ne mai riƙon gida, bai taɓa cin loma ya hana 'ya'yana ba. Abin da ba ya gani ne ba ya yarda da shi, ciwon kuma ba a ganinsa. Na yi ta jan kunnen Faruku, ya yi mini alkawari, amma yaro ne, ga yunwa, ga kaka tana kira. Ni ina ruwa, uwarsa ba ta da bakin hana surukarta. Haka muka shiga bazara, kullum ƙirjina kamar an ɗora dutsen niƙa.

Wata ranar Talata da rana tsaka muna zaune gindin darbejiyar ƙofar gida, ni da shi, muna ɗinkin homa. Rana ta take, sama fes ba ko ɗigon girgije. Na ga yana laluben allurar da ke kan cinyarsa. Sai ya ɗaga kai.

"Baba, hadari ya taso? Na ga duhu."

Na wuce da hannuna a gaban fuskarsa. Bai ƙifta ba.

Ban san yadda na kai shi tasha ba. Abin da na tuna, a cikin mota yana riƙe da rigata yana tambaya ko ya makance ke nan, ni kuwa ina ce masa a'a, alhali ban sani ba. Likitan nan ya karɓe shi, ya auna, wannan karon bai ɓoye fuskarsa ba. Suka yi ta fama. Bayan kwanaki gani ya fara dawowa, idon dama ya washe, na hagu kuwa jini ya riga ya ɓata shi, sai inuwa-inuwa. Har yau haka yake, shi ya sa kuke ganin yana juyo da kai gaba ɗaya in an yi masa magana ta hagu. Na zaci likita zai yi mini faɗa. Da ma ya yi, da na fi jin sauƙi. Sai ya zaunar da ni ya tambayi yadda muke cin abinci a gida, na faɗa masa komai, akushi da langa da Inna.

"Ba zan koya maka zaman gidanku ba," in ji shi. "Amma na farko ya faɗi ya tashi. Na biyu ya bar ido. Na uku ban san abin da zai bari ba. Yaro ba ya iya yin wannan shi kaɗai, sai gida ya yi tare da shi."

A hanyar dawowa na ce wa Balki kada kowa ya gaya wa Inna zancen idon. Faɗa mata daidai yake da ce mata ke kika makantar da shi, kuma ba ɗan halak da zai faɗa wa uwarsa haka. Faruku ma ya yarda, ya ce matarsa, wato Inna, za ta raina shi in ta ji.

Washegari da safe na sami Garba a zaure. Na gaishe shi, na zauna ƙasa da inda yake.

"Yaya, ina son a raba muna tukunya."

Ku ba ku san nauyin wannan magana ba. A gandu tukunya ba ta rabuwa ita kaɗai. In ta rabu, rumbu ya rabu, gona ta rabu, tsakar gida ta rabu. Kuma ana yin haka ne bayan iyaye sun kau, ko in an yi faɗan da ba ya gyaruwa. Garba ya ɗago kai.

"Inna ta mutu ban ji ba?"

"Tana da rai."

"To maimaita, in ji da kyau."

Na maimaita. Na gaya masa zancen idon, na roƙe shi ya bar shi tsakaninmu. Na ga abin ya taɓa shi, har ya sunkuyar da kai. Na ce in ya yarda a sauya tukunyar gida, na janye maganata yanzu-yanzu. Sai ya ce ba zai iya cire hannun Inna daga miya ba, kuma ba zai iya gaya mata dalili ba. Kun ga inda muka tsaya: dukanmu biyu uwa ɗaya muke karewa, ni kuma ga ɗa a hannuna.

"Kowa ya ƙona rumbunai ya san inda toka ke kuɗi," ya ce. "Allah shi ba ka sa'a."

Aka kira liman da dattawan unguwa, suka yi ta ba ni baki har la'asar. Wai tsakanin harshe da haƙori ma ana saɓawa, wai in ji tsoron bakin uwa. Ina jin tsoronsa ƙwarai, amma na tsaya. Tunda ni na nemi rabo, abin da aka miƙo mini shi na karɓa: fadamar can ƙasa wadda ruwa ke fara ci, da gonar tudu mai yashi. Aka kafa darni a tsakiyar gidan da aka haife mu, aka bar 'yar kafa ta wucewa. Inna ta zauna ɓangaren Garba. Da na je na durƙusa a ƙofar ɗakinta, ba ta dube ni ba.

"Ban yi ma baki ba, Nomau," ta ce. "Amma ban sa ma albarka ba."

Na sha wuya a rayuwa, amma ban taɓa ɗaukar kaya mai nauyin wannan magana ba.

A ɓangarenmu kowa ya koma cin abu ɗaya. Uwarku ta yi ta dabara da tsamiya da albasa da tafarnuwa da citta da ɗanyen kifi, gishiri ɗan abin da yatsu biyu suka ɗauka. Ku ƙanana kun yi kuka, kun yi bore, Kulu har ta taɓa tsallaka darni da ƙwaryarta aka dawo da ita. Ni kaina lomar farko da ƙyar ta wuce. Amma Faruku ya sa hannu a akushi ɗaya da ni da ƙannensa, a tsakar gida inda duk mai leƙe zai gani. Farar langar nan Balki ta mai da ita ta ba kaji ruwa. Zaiba ta fara sauka, kaɗan-kaɗan, har ranar da likita ya auna ya sake aunawa, ya dube ni ya yi murmushi, karo na farko tun da na san shi. Ga Faruku nan yau da furfura a gemu da 'ya'yansa, yana shan ƙwayarsa, yana zuwa awo.

Abin da na biya kuwa, na biya. Daminar nan ruwa ya shanye shinkafata tun tana ciki. Shekaru kaɗan bayan haka noman ya gagara, na kwashe ku muka dawo Birnin Kebbi. Ni da Garba ba mu yi gaba ba, muna gaisawa, ya tsaya a sunan 'ya'yana na tsaya a na nasa. Amma hannuna da nasa ba su sake haɗuwa a akushi ba har ya koma ga Allah. Ina kewar wana har gobe, kuma ba na jin kunyar faɗa.

Saura Inna. Wata da watanni ba ta taka ɓangarenmu ba. Ina zuwa gaishe ta kowace safiya, ta ce "lahiya" ta juya kai. Faruku kuma na hana shi shiga ɗakinta sai da ni. Wata rana cikin damina tana tsaye a bakin kafar darni ya zo wucewa, ta miƙa masa dafaffiyar gyaɗa. Ta hagunsa take. Ya wuce hannunta kamar ba kowa a wurin. Ta kira shi, ya juyo da kai gaba ɗaya yana neman inda take. Inna ba yarinya ba ce. Ta aika aka kira Balki, ta ce ta dubi girman Allah ta gaya mata gaskiya. Balki ta gaya mata.

Ni ban san an yi haka ba. Washegari da azahar muna tsakar gida, Balki tana shirin sauke miya, sai muka ji ƙarar sanda. Inna ce ta sunkuyo ta kafar darni. Ta nufi murhu, ta karɓi ludayi daga hannun Balki, ta ɗiga a tafin hannu ta lasa, kamar yadda ta saba. Na ga hannunta ya tafi bakin zane inda ƙullin nan yake. In ta kwance, ban san abin da zan yi ba, don ba zan iya riƙe hannun uwata ba. Ta kama ƙullin, ta daɗe tana murza shi a cikin yatsu. Sannan ta sake shi.

"Wagga ba miya ba ta," ta ce. "Zuba."

Ta wanke hannu, ta zagaya ta zauna a damar Faruku, inda zai gan ta.

"Matsa, maigidana. Tunda an kore ka daga miyata, ni ma na koru."

Ta yanki loma ta kai baki, ta yamutsa fuska, ta haɗiye, hawaye yana bin kumatunta. Ta sake yankar wata.

Inna ta yi shekara shida a duniya bayan wannan rana. Ba ta taɓa cewa miyar ta yi daɗi ba, kuma ba ta taɓa fashin zuwa ba.